Bashin da kamfani ke bi idan ana naɗe tabarmarsa: yadda likwideta zai riga wa'adin kotu

A tarbiyyar da aka yi mana, bashi ba ya mutuwa. Ko mutum ya rasu, sai an cire abin da ake bin sa daga dukiyarsa kafin magada su raba ko kwabo, kuma a wurin jana'iza ma akan yi shela cewa duk mai bin mamaci ya zo ya faɗa. Da wannan fahimtar mutanenmu da yawa ke shiga harkar kamfani. Kotu kuwa tana da nata lissafin. Dokar wa'adin shigar da ƙara ta yanka wa kowane bashi shekarun da za a iya kai shi gaban alƙali, kuma idan shekarun suka cika, ƙofa ta rufe. Bashin yana nan a wuyan wanda ya ci, tsakaninsa da Ubangijinsa, idan ya ga dama ya biya, amma babu alƙalin da zai tilasta masa. Kotun Ƙoli ta fayyace haka tun 1987 a shari'ar Egbe da Adefarasin: idan wa'adi ya wuce, mai ƙara ya rasa damar neman haƙƙinsa ta hanyar kotu.

Wannan jagora ta likwideta ce, wato wanda aka naɗa ya tattara dukiyar kamfanin da ake rufewa, ya karɓo basukan da kamfanin ke bi, ya biya waɗanda ke bin kamfanin, sannan a shafe sunansa daga rajista. Za ta kuma amfani masu bin kamfanin bashi da tsofaffin ma'aikatansa, domin duk nairar da likwideta ya bari ta kuɓuce daga rabonsu take fita. Wanda ya san unguwar Kakuri a Kaduna ya san yadda ma'aikatan masaƙun da aka rufe suka shafe shekaru suna jiran haƙƙinsu, wasu har suka bar duniya. Saboda irin waɗannan mutane nake ganin maganar wa'adi ta wuce a bar wa lauyoyi su kaɗai.

Mataki na farko: ka gane cewa naɗa ka bai tsayar da komai ba

A nan ne aka fi yin tuntuɓe. Idan kotu ta ba da umarnin rufe kamfani, wa'adi yana tsayawa ga masu bin kamfanin bashi. Kotunan Ingila sun kafa wannan ƙa'ida tun 1872 a shari'ar kamfanin General Rolling Stock, kuma daga can dokar kamfanoninmu ta samo tushe. Dalilin a bayyane yake: an hana su shigar da ƙara sai da izinin kotu, kamar yadda sashe na 580 na dokar kamfanoni ta Najeriya, wato CAMA ta 2020, ya tanada, don haka ba adalci ba ne a ce lokaci na cin su alhali an ɗaure musu hannu. Duk bashin da yake da rai ranar da aka fara rufe kamfanin, mai shi zai iya gabatar da hujjarsa a biya shi daga abin da aka tara.

Bashin da kamfanin ke bin wasu bai samu wannan sassauci ba. Babu wanda ya hana kamfanin kai ƙara, don haka kwanaki suna ci gaba da tafiya kamar ba a yi komai ba. Kai likwideta ka gaji kamfanin ne a inda ka same shi. Idan daraktoci sun cinye shekara huɗu da wata tara suna lallashin dila, abin da ya rage maka shi ne ragowar, ba sabon lissafi ba.

Ga misali don a gani a fili. A ce kamfanin casar shinkafa a Kaduna ya ba wani dila kaya bashi, aka yi alƙawarin biya ranar 30 ga Yuni, 2021, bai biya ba. Dokar wa'adi ta Jihar Kaduna ta ba da shekara biyar ga ƙarar da ta taso daga yarjejeniya, don haka ƙofa za ta rufe a ƙarshen Yunin 2026. Idan an naɗa ka a watan Maris na 2026, kusan wata uku ke hannunka, kuma cikin waɗannan watanni ne za ka nemo takardu, ka sami izini, ka ɗauki lauya, ka shigar da ƙara.

Mataki na biyu: ka karɓe littattafai a makon farko

Dokar CAMA ta wajabta wa daraktoci su miƙa bayanin halin da kamfani ke ciki, da rantsuwa, cikin kwana 14 idan kotu ce ta ba da umarnin rufewa. Kada ka zauna jiran wannan takarda. Sau da yawa tana makara, kuma idan ta zo, jimillar kuɗi kawai za ka gani a gaban sunan kowane mutum, babu ranar da bashin ya faro. Abin da kake buƙata shi ne littafin masu cin bashi, da takardun kuɗin kaya, da webil ɗin da aka sa wa hannu lokacin karɓar kaya, da bayanan asusun banki na aƙalla shekara shida, da duk wasiƙun da aka yi musaya. Ka nemi tsohon akanta da magatakardan sito tun ba su watse neman wani aiki ba. Su ne suka san wanda ya zo ya rage bashi da tsabar kuɗi, da aljihun teburin da aka ajiye rasit ɗin.

Mataki na uku: ka ba kowane bashi ranar haihuwarsa da ranar mutuwarsa

Wannan shi ne zuciyar aikin, kuma ya cancanci ka ɓata masa kwanaki. Ka buɗe jadawali, kowane bashi da layinsa. Idan mutum ɗaya ya karɓi kaya sau goma, layi goma ke nan, domin kowace takardar kaya tana iya zama da nata wa'adin.

Lissafi yana farawa daga ranar da kamfanin ya sami damar kai ƙara, wato ranar da ya kamata a biya aka ƙi. Idan an rubuta cewa za a biya bayan kwana 30 da karɓar kaya, daga cikar kwana 30 ɗin ne. Idan biya kashi-kashi ne, kowane kashi da ranarsa, sai dai in yarjejeniyar ta ce saɓa kashi ɗaya yana jawo dukan kuɗin su zama abin biya nan take, to a nan duka bashin ya fara ƙirga daga wannan rana. Idan kuwa rance ne da ba a sa masa rana ba, irin wanda kamfani ke ba abokin hulɗa a kan cewa zai mayar duk lokacin da aka nema, shawarata ita ce ka ƙirga daga ranar da kuɗin suka fita daga asusun kamfani. Mai yiwuwa lauya ya iya kare wata rana ta gaba a kotu, amma wanda ya yi lissafi da rana mafi kusa ba ya asara.

Sai yawan shekarun, wanda ya danganta da inda za a yi shari'ar, tunda kowace jiha da dokarta. A Legas da Abuja shekara shida ce ga bashin yarjejeniya ta yau da kullum. A Kaduna da Ribas shekara biyar. A Legas, yarjejeniyar da aka yi a takarda mai hatimi tana da shekara 12, haka ma ƙarar neman fili ko gida. Wannan bambanci na shekara ɗaya ya isa ya kashe bashin miliyoyi, musamman ga lauyan da ya saba da lissafin Legas aka ba shi aiki a Arewa. Kuma ba kai ke zaɓar jihar da ta yi maka daɗi ba. Inda aka ƙulla cinikin, da inda ya kamata a cika shi, da inda wanda ake ƙara yake zaune, su ke nuna kotun da za a je. Ka sa lauya ya buɗe dokar jihar ya karanta maka sashen da idonsa.

Hukumomin gwamnati suna da nasu tarkon. Dokar kare jami'an gwamnati ta ba da wata uku kacal na shigar da ƙara, ko da yake Kotun Ƙoli ta sha yanke cewa wannan bai shafi ƙarar saɓa kwangila ba, kamar a shari'ar Gwamnatin Jihar Osun da kamfanin Dalami a 2007. Duk da haka dokokin da suka kafa wasu hukumomi sun sa gajeren wa'adi nasu, wasu kuma sun shar'anta a ba su sanarwa a rubuce kafin a kai su kotu. Idan sanarwar ta wata ɗaya ce, ka cire wata ɗayan daga abin da ya rage maka.

Bayan ka gama, ka jera jadawalin bisa kusancin ranar mutuwa, kada ka jera shi bisa girman kuɗi. Bashin miliyan biyar da ya rage masa mako shida ya fi gaggawa a kan na miliyan hamsin da ke da sauran shekara uku.

Mataki na huɗu: ka nemi abin da ke sabunta wa'adi

Abu biyu ke mayar da lissafi farko. Na ɗaya, wanda ake bi ya amsa bashin a rubuce, ya sa hannu, shi ko wakilinsa. Na biyu, ya biya wani abu daga ciki. A misalin dilan shinkafa, da za ka gano a bayanan banki cewa ya turo naira dubu ɗari biyu ranar 10 ga Fabrairu, 2023 a matsayin ragin wannan bashi, lissafin zai koma daga wannan rana, ka sami sarari har Fabrairun 2028. Shi ya sa na ce a tone bayanan banki da rasit.

Amsawar dole ta zama amsawa ta gaskiya. Wasiƙar da ta ce "na san ana bi na, ina neman a ƙara mini lokaci" ta wadatar. Wadda ta ce "ban yarda ana bi na ba, amma mu zauna mu duba" ba ta amfane ka da komai ba. Alƙawarin baki, ko a gaban dattawan kasuwa aka yi shi, ba ya sabunta wa'adi. Saƙon WhatsApp da imel suna iya shiga kotu a ƙarƙashin dokar shaida ta 2011 idan an cika sharuɗɗan sashe na 84, amma za a iya ja da kai kan ko akwai sa hannu, don haka idan mutum ya amsa ta waya, ka bi shi da takarda ya rattaba hannu da kwanan wata.

Saboda haka wasiƙarka ta farko ga kowane mai cin bashi ta ƙunshi abu biyu: neman biya cikin kwanaki ƙayyadaddu, da wata 'yar takarda a haɗe wadda zai cike ya tabbatar da adadin da ake bin sa. Mutane da yawa da ba su da kuɗin biya a yau za su sa hannu ba tare da gardama ba, domin ba su musun bashin. Ka nemi wannan sa hannun tun wa'adi bai cika ba.

Ka kiyaye da zaman sulhu. Mu mutane ne masu son a gama magana cikin mutunci, kuma hakan abu ne mai kyau, sau da yawa ma ya fi kotu saurin kawo kuɗi. Sai dai Kotun Ƙoli ta yanke a shari'ar Eboigbe da NNPC a 1994 cewa tattaunawar sulhu ba ta tsayar da wa'adi. Wanda ya san lissafi zai iya yi maka ta "gobe, jibi", ya aiko da manya su ba ka haƙuri, har ranar ta wuce. Ka yi sulhu, amma ka sa wa kanka ranar da za ka daina, aƙalla wata uku kafin cikar wa'adi. Idan ranar ta zo babu sa hannu babu biya, ka shigar da ƙara, a ci gaba da sulhun ƙara na gaban kotu.

Akwai kuma zamba. Idan an ɓoye wa kamfani haƙƙinsa ta hanyar yaudara, wa'adi ba ya fara ƙirga sai ranar da aka gano, ko ranar da mai sa ido da kyau zai iya ganowa. Hujja ce mai ƙarfi, amma kai za ka tabbatar da ita da shaidu, don haka ka riƙe ta don bashin da ba shi da wata mafita.

Mataki na biyar: izini, suna, da kotun da ta dace

Idan kotu ce ta ba da umarnin rufe kamfanin, sashe na 588 na CAMA ya ce sai da amincewar kotu ko ta kwamitin sa ido, wato wakilan masu bin kamfanin bashi da masu hannun jari da ke duba aikinka, za ka shigar da ƙara. Ka nemi wannan izini da wuri, kuma ka nema a dunƙule ga dukan basukan da ke jadawalinka, kada ka riƙa komawa ɗaya bayan ɗaya. Ƙarar bashi da sunan kamfanin ake shigar da ita, domin shi ke bin bashin.

Batun kotu yana da ruɗani. Babbar Kotun Tarayya ce ke da hurumin rufe kamfani, don haka mutum zai zaci can zai kai kowace ƙara. Amma Kotun Ƙoli ta yanke a 2005, a shari'ar Onuorah da matatar mai ta Kaduna, cewa rikicin yarjejeniya ta yau da kullum ba hurumin wannan kotu ba ne. Bashin kaya da na aiki yawanci babbar kotun jiha ake kai su, ko ƙaramar kotu idan kuɗin ba su da yawa. Gaskiya ne a 2018, a shari'ar Sifax da Migfo, Kotun Ƙoli ta ce shekarun da aka ɓata a kotun da ba ta da hurumi ba za a ƙirga su a kan mai ƙara ba. Wannan rahama ce ga wanda ya riga ya yi kuskure, amma shekarun da kuɗin lauya sun tafi, kuma masu jiran rabo suna nan suna jira.

Idan bashin a bayyane yake, da takardu da adadi tsayayye, ka yi amfani da gajeriyar hanyar da kotunan Abuja da jihohin Arewa da dama ke da ita ta ƙarar da ba a sa ran wanda ake ƙara zai kare kansa, inda ake shigar da takardar rantsuwa a nemi hukunci kai tsaye. Idan kuma yarjejeniyar ta ce sai an je gaban mai sasanci, ka aika da sanarwar fara sasancin cikin wa'adi, domin shi ma dokar wa'adi ta hau kansa.

Mataki na shida: kuɗin da suka fita ta ƙofar baya

Banda basukan kasuwanci, doka ta ba ka ikon warware wasu abubuwan da aka yi gab da durƙushewar kamfani. A nan lissafin baya ake yi. Sashe na 658 na CAMA ya shafi fifita wani mai bin bashi a kan saura, kamar a biya shi kaf alhali an san kamfani ya kusa faɗuwa. Ana duba wata uku kafin fara rufewar, amma idan wanda aka fifita na jikin kamfanin ne, kamar darakta ko ɗan'uwansa, shekara biyu ake dubawa. Lokacin da aka sa wa dokar hannu a watan Agustan 2020 an bar gurbin adadin shekarun babu lamba, sai dokar sauƙaƙa kasuwanci da aka sa wa hannu a Fabrairun 2023 ta cike shi da biyu. Sashe na 659 kuma ya shafi kadarar da aka kyautar ko aka sayar a farashin banza. Don yin wannan lissafi sai ka san ranar da doka ta ɗauka an fara rufewa: idan ta kotu ce, ranar da aka shigar da takardar neman rufewar, ba ranar hukunci ba; idan masu hannun jari ne suka yanke shawara da kansu, ranar da suka zartar da ƙudurin.

Game da daraktocin da suka yi wasa da dukiyar kamfani, sashe na 674 ya ba ka hanyar neman kotu ta sa su mayar. Kada ka ɗauka wannan hanya ta buɗe sabon wa'adi. Kotun Ingila ta duba makamancin wannan sashe a shari'ar Eurocruit a 2007, ta ce lissafi yana farawa daga ranar da darakta ya yi laifin, ba ranar da aka naɗa likwideta ba. Inda aka sami sauƙi shi ne daraktan da ya karkatar da kadarar kamfani zuwa hannunsa: a 2018 Kotun Ƙolin Birtaniya ta yanke a shari'ar Burnden da Fielding cewa irin wannan ba ya fakewa da wa'adi, domin amana ce a hannunsa. Hukuncin Ingila ba ya ɗaure alƙalin Najeriya, amma ana kafa hujja da shi, kuma CAMA da kanta ta kira daraktoci amintattu a kan kuɗi da kadarorin kamfani. Ka tuna kuma wannan sashe na 674 ya haɗa da likwideta. Wanda ya yi sakaci har bashi mai rai ya mutu a hannunsa, masu bin kamfani za su iya neman ya biya daga aljihunsa.

Bankuna dabam suke

Idan banki ne ya rushe, hukumar inshorar kuɗin ajiya a bankuna, wato NDIC, ce likwideta, kamar yadda aka naɗa ta bayan Babban Banki ya soke lasisin bankin Heritage ranar 3 ga Yuni, 2024. Dokar NDIC ta cire basukan da bankin da ya rushe ke bi daga ƙarƙashin dokokin wa'adi, haka ma dokar AMCON, hukumar da ke sayen basukan da bankuna suka kasa karɓowa, ta yi wa basukan da ta saya. Wanda ya ci bashin irin wannan banki kada ya zaci tsufan bashin zai cece shi. Likwidetan kamfanin shinkafa ko na gine-gine kuwa ba shi da wannan gata.

Mataki na bakwai: bayan hukunci, da kafin a shafe suna

Samun hukunci ba shi ne samun kuɗi ba, kuma shi ma yana da lokacinsa. Ƙa'idojin zartar da hukunci sun ba da shekara shida a nemi kama dukiyar wanda aka yi nasara a kansa, bayan haka sai da izinin kotu. Ka nemi umarnin riƙe kuɗin da ke asusunsa na banki tun hukunci na da ɗumi, kafin ya kwashe.

Basukan da ka tarar sun riga sun mutu, kada ka jefar da su, kuma kada ka kashe kuɗin masu jiran rabo wajen kai su kotu. Ka rubuta wasiƙa cikin ladabi ka nemi biya, ba tare da barazanar ƙarar da ka san ba za ta yiwu ba. Akwai masu tsoron Allah da za su biya, kuma abin da aka biya da son rai ya halatta ka karɓa. Ka duba kuma ko kamfanin na riƙe da jingina ko kayan mutumin, domin wannan yana da nasa hukuncin dabam. Ta ɗaya ɓangaren, idan wani ya kawo maka bashin da yake bin kamfanin wanda ya riga ya mutu kafin a fara rufewa, ba ka da ikon biyan sa daga rabon saura.

Kafin ka kira taron ƙarshe, ka koma kan jadawalinka layi-layi. Da zarar an shafe kamfani daga rajistar hukumar kula da kamfanoni ta CAC, ba shi da bakin kai ƙara, kuma abin da ya rage na dukiyarsa gwamnati ce ke gadonsa. Kotu na iya soke shafewar idan an nema cikin shekara biyu, amma kwanakin bashin ba lallai su jira ka ba. Bashin da ke da rai wanda ba za ka iya jiran shari'arsa ba, doka ta ba ka ikon sayar da shi ga mai saye, a rubuce, tare da sanar da wanda ake bi, kuɗin su shiga rabon da za a yi. Wanda ka yanke shawarar bari kuma, ka rubuta dalilinka da ranar da wa'adinsa ya cika, ka gabatar wa kwamitin sa ido su sa hannu kafin ka rufe littafi.